Buɗaɗɗiyar wasiƙa ga Ministar Al'adu: ina aka ajiye muryar Sonny Okosun?

Zuwa ga Mai girma Ministar Fasaha, Al'adu, Yawon Buɗe Ido da Tattalin Arzikin Ƙirƙira, Barista Hannatu Musa Musawa, Abuja.

Assalamu alaikum. Ranki ya daɗe,

Bayan gaisuwa mai yawa da fatan ana fama da jama'a lafiya, na rubuto ne a kan wani mawaƙi wanda ba Bahaushe ba ne, ba Musulmi ba ne, kuma ƙasa ta rufe idonsa tun 2008. Na san teburinki ba ya rabo da takardun masu rai, wannan yana neman tallafin fim, wancan yana so ki zo ki buɗe masa baje koli. Shi wanda nake magana a kansa ba ya neman ko kwabo. Shi ne ma yake bin mu bashi, kuma akwai wani ɓangare na bashin da in aka ƙara 'yan shekaru ba zai biyu ba ko da an so biya. Shi ya sa na ga gara in yi maganar a bainar jama'a, da harshen da ni da ke muka tashi da shi.

Sunansa Sonny Okosun. A tare ɗan shekara ashirin da biyar a Kano ko Katsina a ambata masa sunan, sai ya tambaya a wace ƙungiya yake buga ƙwallo. A Legas ma, inda ya yi yawancin rayuwarsa, da yawa daga waɗanda suka san shi cewa za su yi ai mai wa'azin nan ne na Ogba. Alhali akwai lokacin da in ana lissafin mawaƙan Afirka da suka hana gwamnatin wariyar launin fata ta Afirka ta Kudu sakat, ba a yin nisa ba a ambace shi ba.

An haife shi ranar 1 ga Janairu 1947, ya girma a Enugu. Iyayensa 'yan ƙabilar Esan ne daga yankin Irrua a Jihar Edo ta yanzu, aikin jirgin ƙasa ne ya kai mahaifinsa Gabas. Bai yi nisa a boko ba. Wasan kwaikwayo ne ya fara ɗauke masa hankali, har ya samu shiga tawagar da ta je Ingila bikin fasahar ƙasashe renon Ingila a 1965. Daga baya ya rungumi jita, ya shiga wata ƙungiyar samari mai suna The Postmen, waɗanda aikinsu shi ne kwaikwayon waƙoƙin Turawa na zamanin, su Elvis Presley da Beatles. Da yaƙin basasa ya ɓarke a 1967 sai ya tattara ya koma Legas. Ina ganin duk mai son fahimtar mutumin nan, daga nan ya kamata ya soma: yana ɗan shekara ashirin ya ɗanɗani baƙunta a garin da ya tashi. Wanda ya taɓa ɗaukar akwati don zama ya gagara a inda ya girma, ba sai an yi masa dogon bayani ba in aka ce an tashi baƙar fata daga unguwarsu a Johannesburg.

A 1969 ya shiga ƙungiyar Sir Victor Uwaifo, gwanin jitar nan na Benin, kuma a hannunsa ya ga yadda ake ɗauko kiɗan gida a ɗora shi kan kayan kiɗan zamani ba tare da ya zubar da kamanninsa ba. Bayan 'yan shekaru ya ja tasa tawagar, wadda daga bisani ya raɗa wa suna Ozziddi, sunan da ya bi salon kiɗan nasa: kiɗan Esan da hailaif da rege a tukunya ɗaya. Zuwa 1976 sunansa ya zaga ƙasa.

A wannan shekarar ce aka yi boren Soweto, unguwar baƙar fata a Afirka ta Kudu. Gwamnatin fararen fata ta kafa doka cewa rabin darussan makarantun baƙar fata, har da lissafi, dole a koyar da su da Afirkans, harshen masu danne su. Ranar 16 ga Yuni 1976 dubban 'yan makaranta suka fito da kwalaye a hannu, 'yan sanda suka buɗe musu wuta. Hoton da Sam Nzima ya ɗauka a ranar har yau ba ya kalluwa sau biyu: wani saurayi a guje rungume da Hector Pieterson, yaro ɗan shekara 12, jini a bakinsa, 'yar'uwarsa tana gudu a gefe cikin kayan makaranta, ta ɗaga hannu tana kururuwa. Hukumar binciken da gwamnatin wariyar da kanta ta kafa ta ƙirga gawa 575 daga ranar zuwa ƙarshen Fabrairun 1977.

Nijeriya a lokacin ba ta zauna ta naɗe hannu ba, kuma wannan tarihi ne da ya kamata mu riƙa faɗa da ƙarfi. Ranar 11 ga Janairu 1976 Janar Murtala Muhammed ya tsaya a Addis Ababa gaban shugabannin Afirka ya gaya wa Amurka cewa nahiyar nan ta girma, ba ta karɓar umarni a kan Angola. Bayan wata ɗaya aka kashe shi, amma hanyar da ya share ba ta toshe ba. Aka kafa asusun agaza wa kudancin Afirka, ma'aikatan gwamnati suna ba da kashi 2 cikin 100 na albashinsu, ɗalibai suna tara nasu. Muka janye daga wasannin Olamfik na Montreal a 1976. Legas ta karɓi babban taron duniya na yaƙi da wariya a Agustan 1977. A 1979 gwamnatin Obasanjo ta ƙwace kadarorin kamfanin mai na BP. Kwamitin Majalisar Ɗinkin Duniya na yaƙi da wariyar launin fata kuwa, tun daga 1976 har aka rufe shi a 1994 'yan Nijeriya ne ke riƙe da kujerar shugabancinsa, cikinsu har da Ɗanmasanin Kano Alhaji Yusuf Maitama Sule, da Janar Joseph Garba, da Farfesa Ibrahim Gambari.

To amma jawabin Majalisar Ɗinkin Duniya ba ya isa tashar mota. Telan da ke Sabon Gari, da direban da ke jigila tsakanin Kaduna da Jos, da malamin firamaren da aka yanke wa albashi, ba su karanta ƙudurin kwamiti ba. Abin da ya shiga kunnensu shi ne "Papa's Land" da "Fire in Soweto", faya-fayen da Okosun ya fitar tsakanin 1977 da 1978. A ta biyun yana jero sunayen wurare ɗaya bayan ɗaya, Soweto, Angola, Mozambik, Namibiya, Zimbabuwe, ko'ina yana cewa mutanensa ne ake ƙonawa, mutanensa ne ake harbi. Mu da muka ji ta a rediyo muna samari, da yawanmu a bakinsa muka fara jin sunan Namibiya kafin mu gan ta a taswira. Turancin waƙar mai sauƙi ne, wanda ya yi aji huɗu zai kama shi. Kiɗan kuma rege ne mai taushi, har za ka ga ana taka rawa da shi a wurin biki, ana rausaya a kan labarin gawarwakin yara. Wasu sun ga baiken haka. Ni ban gani ba. Da ya yi ta da muryar makoki, da sau ɗaya za a sa ta a ajiye. Saboda tana rawuwa ne ta shekara da shekaru a bakin mutane, kuma ita ta sa wanda aka zaftare wa albashi ya san inda kuɗinsa suka nufa.

A 1985 aka ga girmansa a waje. Gwamnatin wariya ta ƙirƙiri wasu ƙasashen jabu ta tura baƙar fata cikinsu, kuma a ɗaya daga ciki, Bophuthatswana, aka gina wani katafaren wurin caca da shaƙatawa mai suna Sun City. Ana zuba wa manyan mawaƙan duniya kuɗi su je su yi wasa a can, a ce musu ai nan ba Afirka ta Kudu ba ce. Frank Sinatra ya je, ƙungiyar Queen ta je. Majalisar Ɗinkin Duniya ta buɗe rajistar sunayen duk wanda ya karya ƙauracewar da aka yi wa ƙasar ya je ya yi wasa a can. Sai wani mawaƙin Amurka, Steven Van Zandt, ya tara taurari suka yi faifai suna rantsuwa ba za su taka wurin ba: Bob Dylan, Bruce Springsteen, Miles Davis, Bono, Jimmy Cliff da sauransu. A cikin wannan jerin akwai Sonny Okosun, yaron Enugu da ya fara da kwaikwayon waƙoƙin Turawa. Shekara guda bayan haka wata waƙarsa ta shiga wani fim na Hollywood. Yau da muke murna duk lokacin da ɗan Nijeriya ya cika filin wasa a Landan, yana da kyau a san cewa akwai waɗanda suka fara tura ƙofar tun babu intanet.

Ba zan ɓoye miki abin da masu suka ke faɗi ba, domin akwai ƙamshin gaskiya a ciki. Suna cewa fushin Okosun fushi ne mai araha. Ya zagi gwamnatin wariya a lokacin da gwamnatinmu ma zagin ta take yi, don haka babu sojan da ya taɓa buga masa ƙofa. A watan Fabrairun 1977, kwanaki kaɗan da rufe FESTAC, bikin al'adun baƙar fata na duniya da aka yi a Legas, sojoji suka ƙone gidan Fela Anikulapo-Kuti, suka jefo mahaifiyarsa ta taga, ta rasu a shekarar da ta biyo. Fela ya biya da jini da kurkuku, Okosun bai biya irin wannan ba. Haka ne. Amma ba a hana manomi ladan noma don maƙwabcinsa ya yi yaƙi. Aikin da ya ɗauka daban ne, kuma ya yi shi har ya kai.

Kuma ba gaskiya ba ne a ce bai taɓa juyo da fuskarsa gida ba. A farkon shekarun 1980, da farashin mai ya faɗi, gwamnatin Shagari ta shiga tsuke bakin aljihu, ya fitar da "Which Way Nigeria", yana tambayar ina ƙasar nan ta dosa. Ya ce mun yi kuskure lokacin da kuɗin mai suka yi ambaliya, ya ce shekaru bayan 'yancin kai har yanzu mun kasa tashi, ya roƙi a koma gona. Fiye da shekara arba'in ke nan, kuma duk lokacin da man fetur ya tashi ko naira ta faɗi sai ka ji wani gidan rediyo ya lalubo ta. A daidai wannan zamanin ne, cikin Janairun 1983, muka ba baƙi marasa takarda mako biyu su fice, fiye da mutum miliyan ɗaya suka kwashi kaya a ka zuwa kan iyaka, akasarinsu 'yan Ghana, har da 'yan'uwanmu na Nijar da Chadi. Ƙasar da ke rera waƙar haɗin kan Afirka ce ta yi wannan. Laifi tudu ne, in za a koyar da tarihin mutumin nan to a koyar da wannan shafin tare da shi.

Yanzu ga inda nake ganin an fi yi masa rashin adalci. A Fabrairun 1990 aka saki Mandela, a Afrilun 1994 aka yi zaɓen da ya binne wariya. Abin da Okosun ya yi fiye da shekara goma yana kuka a kai ya zo ƙarshe, kasuwar waƙa kuma ta juya wa irin salonsa baya. Sai ya koma ga Ubangijinsa bisa addininsa. A 1994 ya fitar da faifan yabo mai suna "Songs of Praise" wanda ya karɓu ƙwarai, ya zama mai bishara, a 1998 ya buɗe majami'arsa, House of Prayer Ministry, a Legas. Daga nan aka raba shi biyu. 'Yan gwagwarmaya suka ce ya ajiye makami ya shiga coci. Mutanen coci suka riƙe shekarunsa na ƙarshe suka manta da na farko. Mu kuma a Arewa, in ma an tuna shi, sai a ce ai fasto ne, a rufe zancen.

Wallahi in akwai mutanen da bai kamata wannan ya ruɗe su ba, mu ne. A wajenmu yaushe aka taɓa raba waƙar wa'azi da waƙar gyaran ƙasa? Shehu Usmanu ɗan Fodiyo da waƙa ya yi kira ga tsoron Allah, da waƙa kuma ya yi tir da zaluncin sarakuna. Nana Asma'u da baitoci ta tura jajis, wato malamai mata, ƙauyuka suna karantar da mata. Malam Sa'adu Zungur, wanda ya yi waƙa a kan bidi'a, shi ne dai ya yi "Arewa, Jumhuriya ko Mulukiya", bai canza alƙalami ba tsakanin biyun. Abubakar Ladan Zariya ya buɗe da sunan Allah sannan ya bi ƙasashen Afirka ɗaya bayan ɗaya yana kiran su haɗa kai, kusan irin abin da Okosun ya yi da jita. Mun san sarai cewa mutumin da ya yi imani akwai ranar hisabi shi ya fi kowa dalilin ƙin zalunci. Okosun na 1978 da na 1998 mutum ɗaya ne, ko a faya-fayensa na gwagwarmaya sunan Allah bai bar bakinsa ba. Ni Musulmi ne, ba na rera waƙoƙinsa na coci kuma ba na kiran kowa ya rera. Amma bambancin addini bai taɓa yafe wa mutum bashi ba.

Ya rasu ranar 24 ga Mayu 2008 a asibitin Jami'ar Howard da ke birnin Washington, yana da shekara 61, bayan fama da sankarar hanji. Ranki ya daɗe, ki duba abin da ya faru a Afirka ta Kudu a watan da ya rasu. Tun ranar 11 ga Mayu rikicin ƙyamar baƙi ya tashi daga unguwar Alexandra ya bazu, aka kashe mutum 62. Jaridun duniya suka buga hoton wani ɗan Mozambik durƙushe a ƙasa, an cinna masa wuta da ransa. Mozambik ɗin nan da ke cikin waƙar. Mutumin da ya yi kukan ana ƙona mutanensa a Soweto yana kwance yana jiran ajali, su kuma waɗanda ya yi wa kukan wasu daga cikinsu suna ƙona baƙi. An sake yi a 2015, an sake a 2019 har sai da jiragen Air Peace suka kwaso ɗaruruwan 'yan Nijeriya. Duk lokacin da haka ta faru sai mu cika Facebook da cewa sun manta alherin da muka yi musu. To mu da muka yi alherin, ina muka rubuta shi? Wane ɗaki za mu kai ɗanmu ya gani? Ba ka zargin wani da mantuwa alhali kai ma ba ka ajiye komai ba.

Abin da ya fi gaggawa shi ne zaren ɗauka. Waƙoƙin shekarun 1970 da 1980 a kan zaren maganaɗisu aka naɗe su, manyan faifan nan masu kama da tayar keke da ake ɗorawa a kan na'ura. Zaren nan ba ya son zafi, ba ya son laima, mu kuwa su ne muke da su. In ya daɗe sai gam ɗin da ke riƙe da sautin ya jiƙe ya yi danƙo. Ka ɗora shi a na'ura, yana juyawa yana barin wani jan gari a kan ƙarfen da ke karanta shi, kuma wannan garin shi ne muryar, ta tafi ke nan. Masu sana'ar sai sun gasa zaren a zafi kaɗan, wajen digiri 50, na tsawon sa'o'i, kafin su samu damar juya shi su kwashe abin da ke ciki zuwa kwamfuta. Na'urorin da ke karanta shi an daina ƙera su, masu gyaransu kuma tsufa suke yi. Okosun da kamfanin EMI na Nijeriya ya yi manyan faya-fayensa, kamfanin da daga baya Turawan suka bar shi ya koma hannun 'yan ƙasa da sunan Ivory Music. Ga kuma hirarraki da wasannin da ya yi a NTA da Rediyon Nijeriya. Ina roƙon ma'aikatarki ta sa a bi sawu: me ya rage, yana hannun wa, a wane hali yake. Kamfanoni irin su Soundway da Strut na Ingila sun daɗe suna zuwa suna tsince tsofaffin waƙoƙin Nijeriya, su wanke su, su buga su da kyakkyawan bango da bayani, mu kuma mu saya da fam. Ban ga laifinsu ba. Sun ga abin da muka zubar ne.

Sai maganar haƙƙi, wadda agogonta ke tafiya ko mun kula ko ba mu kula ba. A Dokar Haƙƙin Mallaka ta 2022, kariyar baiti da karin waƙa tana kaiwa shekara 70 bayan rasuwar mai ita, amma kariyar sautin da aka naɗa shekara 50 ce kacal daga fitowarsa. Ma'ana faifan da ya fito a 1977 kariyarsa tana ƙarewa da ƙarshen 2027, na 1978 ya bi baya. In akwai wani abu da ya kamata magadansa su samu daga waɗannan faya-fayen, yanzu ne za a tantance shi, tare da Hukumar Haƙƙin Mallaka ta Ƙasa. Wannan ba sabon ciwo ba ne. Okosun yana cikin waɗanda suka kafa ƙungiyar mawaƙa ta PMAN tare da King Sunny Ade da Christy Essien-Igbokwe don a daina cin guminsu. Onyeka Onwenu, wadda shi ya shirya mata ɗaya daga faya-fayenta na farko, sai da ta yi yajin cin abinci a ƙofar NTA a 2000 a kan kuɗin waƙoƙinta. Christy ta rasu a 2011, Uwaifo a 2021, Onyeka a 2024. Waɗanda suka busa masa ƙaho, da waɗanda suka riƙe masa na'ura a situdiyo, duk wanda ya rage a cikinsu ya manyanta. A tura matasa da na'urar ɗaukar magana su zauna da su tun bakinsu na motsi. Wannan ba ya cin kuɗin da liyafa ɗaya ke ci.

Na ambaci liyafa da gangan. Na san yadda muke karrama matattu a ƙasar nan: a kama zaure a Abuja, a ɗinka anko, a kira 'ya'yan mamaci a miƙa musu allon katako mai rubutun zinare, a yi hoto, gari ya waye kowa ya manta. Don Allah kada a yi masa wannan. Wurin ajiya ake bukata, kuma akwai shi. Babban gidan wasan ƙasa na Iganmu, wanda aka gina saboda FESTAC, an gyara shi, an sa masa sunan Wole Soyinka a 2024. Cibiyar CBAAC, wadda ke riƙe da kayan FESTAC, tana ƙarƙashin ma'aikatarki. Ɗaki ɗaya ya isa a fara: faya-fayen da bangayensu, hotuna, jaridun lokacin, takardun asusun agajin kudancin Afirka, jawabin Murtala, muryar Ɗanmasani a New York, da wurin da mutum zai zauna ya sa abin sauraro a kunne. Sannan a ɗora kwafin komai a intanet, domin yaron Gusau ba zai je Iganmu ba.

Na yi shekaru da alli a hannu, don haka bari in ce wani abu game da aji. An cire darasin tarihi daga ƙananan makarantunmu na fiye da shekara goma kafin a dawo da shi, kuma malamin da aka ce ya koyar da shi yau ba shi da komai sai allo. Ka tsaya gaban 'yan shekara goma sha uku ka ce "manufofin Nijeriya na ƙasashen waje", rabinsu sun yi barci. Ka sa musu waƙa ta minti biyar, ka ce kowa ya rubuta sunayen ƙasashen da ya ji, a nemo su a taswira, a tambayi me ke ƙonewa a can kuma wa ya kunna, to darasi ya kama. Manhaja ba a hannunki take ba, na sani, amma kayan da za a koyar da su a hannunki suke, kuma tsakaninki da Ministan Ilimi taku kaɗan ne a zauren majalisar zartarwa. A yi bayanin da Hausa da Yarabanci da Ibo da Fulfulde, a ba gidajen rediyon jihohi kyauta su sa.

Wani zai ce me ya kai Bahaushe roƙa wa mutumin Edo, alhali namu na nan a zube. Ai saboda namun ne ma. Cutar da ke cin zaren Okosun a Legas ita ke cin na Mamman Shata da Ɗan Maraya Jos da Barmani Choge da Musa Ɗanƙwairo a ɗakunan ajiyar gidajen rediyon Kaduna da Kano da Sakkwato. In aka sayi na'ura, aka horar da ma'aikata, aka tsara yadda za a yi da magada a kan mutum ɗaya, an buɗe hanya ga saura. Kuma zai yi kyau a ce 'yar Katsina ce ta fara da ɗan Esan mai bishara, don ranar da aka zo kan Shata kada wani ya ce son kai ne.

Ranar 1 ga Janairu 2027 ce cikarsa shekara 80 da haihuwa, 24 ga Mayu 2028 kuma shekara 20 da rasuwa. Abin da nake roƙo kafin ta farkon shi ne ma'aikatarki ta fito ta faɗa wa jama'a hukumar da aka ɗora wa aikin, da sunan jami'in da za a tuntuɓa, da adireshin da duk mai tsohon faifai ko kaset ko hoto a gida zai iya kaiwa a kwafa a mayar masa da abinsa. Kafin ta biyun kuma, a buɗe ɗakin.

Allah ya yi riƙo da hannunki, ya ba da ikon sauke nauyi.

Wassalam.

Naki,
Wani tsohon malamin makaranta, daga Kaduna.